Gwadon da Baba Ya Saƙa wa Amaryarsa

Mahaifina masaƙi ne a Adabka. Ko da na yi wayo shi kaɗai ya rage yana saƙa a unguwarmu, sauran wasu sun mutu, wasu sun koma noma zalla, don atamfar kasuwa ta riga ta kashe sana'ar. Masaƙarsa tana ƙofar gida, ƙarƙashin wata tsohuwar ceɗiya. Da damina ba ya taɓa ta. Sai an gama shigo da gero da dawa, sannan ya ja zarensa mai tsawo ya ɗaure a jikin kunkuru, wato ɗan katakon nan da ake ɗora wa dutse, ya zauna yana jefa ƙoshiyar saƙa daga hannu zuwa hannu. Inna ce ke yi masa kaɗi. Matan Fulanin da ke kawo nono su ne manyan masu sayen zannuwansa.

A zuriyar su Baba akwai wata waƙa da ba kowane zane ake yi wa ita ba. Ta gwadon jinkiri ce. Idan mutum ya kwanta ciwon ajali, ɗansa ko ɗan'uwansa kuma yana nesa, ya tafi ci-rani ko fatauci, sai a zo wurin masaƙin gidanmu. Zai saƙa farin gwado, ba ya magana da kowa sai waƙar, a gefe guda kuma ya bar wani baƙin zare yana reto. In aka lulluɓa wa mara lafiya, wai ranar wanda ke ƙarƙashin gwadon takan rage sauri, rai ya dakata har wanda ake jira ya iso. In ya iso sun gana, sai masaƙin ya zare baƙin zaren, ya yi rabin waƙar na biyu, wanda suke kira sallama. Daga nan abin da Allah ya ƙaddara sai ya auku.

Malaman garinmu ba sa son zancen. Baba kuwa ba ya jayayya da su, iyakarsa ya ce, "Ni ba rana nika roƙo ba. Mai ranar nika roƙo." Sau ɗaya na taɓa jin ya yi ta ina ƙarama, saboda wata tsohuwa maƙwabciyarmu, kuma daga cikin gida na jiyo, don an hana mu fita. Bayan wannan ba wanda ya sake zuwa nema. Waya ta zo, babura sun zo, wanda ke nesa yakan iso da wuri.

An yi mini aure a Yargalma. Haihuwata ta fari mace ce. A wurinmu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, don haka duk son da ban iya nunawa ba Baba ne ya nuna a madadina. Amaryarsa yake kiranta. Duk sanda muka je Adabka zai ajiye ƙoshiya ya ce, "Amarya ta iso, yau tsohuwar ga ta cikin gida ta shiga uku." Yarinyar ta yi baki da wuri. Kafin ta cika shekara uku tana iya mayar masa, ta riƙe ƙugu ta ce, "Ba ni son tsoho." Shi kuwa ya yi ta dariya har sai tari ya kama shi.

A shekarun nan ne aka gano zinariya a dajinmu. Maza sukan kawo duwatsu a buhu, a kai inji a niƙa, wani kuma a shigo da shi gida mu mata mu daka. Maigidana ma ya shiga harkar. A turmin da nake surfe a nan nake dakan dutsen, in wanke shi in ci gaba da aikina. Ƙurar takan kwanta a kan tabarmi da kwanuka da bakin randa, yara suna rarrafe a cikinta suna sa hannu a baki. Ba wanda ya ga aibu. Gari ya yi kyau a lokacin, an yi rufin kwano, samari sun sayi babura.

Da bazarar 2010 yara suka fara mutuwa. Yaro zai fara amai, ya ƙi nono, sai jijjiga, idanu su kafe, kafin a ce me ya tafi. Wasu suka ce sanƙarau ne, wasu suka ce iska ce ta biyo masu haƙa daga rami. Akwai safiyar da na fita ɗibar ruwa na ga an fito da yara daga gidaje biyu masu kallon juna, mazan suka haɗe suka tafi maƙabarta tare. Matan ba sa ko kuka da ƙarfi, kowace tana duban na bayanta.

Tawa ta fara ne da shiru. Yarinyar da ba ta barin kowa ya huta da surutu ta koma kwance a gindin gado. Sai amai. Maigidana ya kai ta wurin mai kemis aka yi mata allurai, ba ta sauya ba. Ranar da jijjiga ta fara kama ta, na manta da kunyar ɗan fari, na rungume ta ina kiran sunanta a gaban surukata. Da labari ya kai Adabka Inna ta aiko a ce in kawo ta gida. Maigidana ya ɗauke mu a babur, ina goye da ita, kanta yana bugun bayana duk ramin da muka faɗa.

Baba yana masaƙa muka iso. Ya taso da murmushinsa zai fara tsokana, sai ya ga fuskarta. Ya kira ta, "Amarya." Ba ta ko juyo ba. Ya koma ya zauna.

Washegari da hantsi na fita na durƙusa a gabansa. Ban taɓa roƙonsa wani abu kai tsaye ba, kullum ta wurin Inna nake bi.

Na ce, "Baba, ka saƙa mata gwadon."

Ya daɗe yana kallon zaren da ke gabansa. Ya ce, "Ɗiyata, gwadon ga don a jira wani a ka yin shi. Ke wa kika jira?"

"Ban sani ba, Baba. Ko wane ne."

Ya cire zanen da yake cikin saƙawa, na wata Bafulatana ne, ya naɗe ya ajiye. Ya ce Inna ta fito da farin zaren da ta kaɗa da kanta. Ya yi alwala, ya yi bisimilla, ya zauna. Wannan karon ba wanda ya hana ni tsayawa, don haka na ji waƙar sosai. Ba ta da tsawo, maimaita ta ake yi, kuma tana tafiya daidai da jifan ƙoshiya:

Rana, sauke kayanki,
ga inuwa, ga ruwa.
Zarena bai ƙare ba,
ke ma kada ki ƙare.
Jiya ta bi ta hagu,
gobe ta bi ta dama,
yau ta zamna tsakiya,
ta zamna, ta zamna.

Muryar Baba ba mai daɗi ba ce, a shaƙe take. Rana tana dukan ƙafafunsa inda inuwar ceɗiya ba ta kai ba, gumi yana ɗiga daga gemunsa, masu wucewa suna yi masa sannu ba ya amsawa. Wasu suka tsaya daga nesa suna kallo, wani dattijo ya girgiza kai ya wuce. Salla kawai ke tayar da shi. Ni kuma ina kaiwa da komowa tsakaninsa da ɗakin Inna, inda yarinyar ke kwance. Duk tsawon da ya saƙa ya yanke, Inna ta karɓa ta haɗa da allura. Da yake na yarinya ne bai ɗauki kwanaki da yawa ba. Da aka gama, shi da kansa ya shiga ya lulluɓa mata, baƙin zaren yana reto wajen ƙafarta.

Ba ta warke ba. Jijjigar tana zuwa tana tafiya, ruwan koko kawai muke ɗura mata da cokali. Amma ba ta mutu ba. Kullum sai an aiko daga Yargalma cewa ɗan wance ya rasu, ɗiyar wane ta rasu, har da waɗanda suka kwanta bayanta. Ita tana nan, numfashi sama-sama, ƙarƙashin farin gwado.

Ana cikin haka maigidana ya iso da rana tsaka, ko sauka daga babur bai yi ba ya fara magana. Ya ce wasu likitoci sun zo, har da Turawa, sun auna jinin yara da ƙasar gidaje, sun ce ba sanƙarau ba ne, ba iska ba ce. Gubar dalma ce, tana cikin dutsen da muke dakawa. An buɗe wurin jinya a Bukkuyum, ana kwasar yara da uwayensu.

Baba ya dube ni ya ce, "To, ga wanda a ka jira. Tashi ku tahi."

Mun daɗe a Bukkuyum. Ɗaki cike da mata irina, kowace da nata a cinya. Maganin ƙwaya ne, sai a buɗe a zuba a ɗan zuma a lasa wa yaro. Ma'aikatan ba su hana ni lulluɓa mata gwadon ba, wata ma ta taɓa shi ta ce saƙar ta yi kyau. Sannu a hankali jijjiga ta daina. Wata safiya ta buɗe ido ta ce, "Ruwa." Matar da ke gadon kusa da mu ta taya ni kuka, ita da nata ya rasu bayan kwana kaɗan.

Da aka sallame mu Adabka muka koma, don a Yargalma ana ta kankare ƙasar gidaje ana zuba sabuwa. Inna ce ta tuna wa Baba. Ta ce, "Malam, waɗanda anka jira sun zo. Ba ka zare zaren?"

Ya ce, "Bari ta ƙara ƙarfi tukuna."

Na san abin da yake tsoro, don ni ma shi nake tsoro. Duk wanda aka taɓa yi wa sallama, mutuwa ce ke biyo baya. Inna ta naɗe gwadon ta sa a ƙasan adakarta, ba wanda ya sake ɗaga zancen. Yarinyar kuma aka bar ta a wurinsu, kamar yadda dama ake bai wa kakanni ɗan fari. Ni na koma ɗakina, ina zuwa ganinta duk sanda na samu hanya.

Ta miƙe, tana tafiya tana ɗan jan ƙafar hagu. Magana ta dawo, amma iyakar kalmomin da take da su kafin ta kwanta. Da farko muka ce ciwo ne bai gama sakinta ba. Shekara ta juyo, wata ta biyo. Na haifi ƙanwarta. Sa'o'inta da suka rayu suka shiga makarantar allo, suka fara ɗaukar tulu, suka fara kitso da kansu. Ita tana nan gindin ceɗiya kusa da Baba tana tara duwatsu tana rushewa. Haƙoranta suka faɗi wasu suka fito, rigunanta suka yi mata kaɗan, amma in ya ce "Amarya," sai ta riƙe ƙugu ta ce, "Ba ni son tsoho," da murya ɗaya da irin tsayuwa ɗaya. Tun yana dariya har ya daina.

A wani zuwa awon jini da muka yi, na tambayi wata ma'aikaciya, 'yar Anka ce, mai haƙuri. Ta zaunar da ni ta yi mini bayani ba ɓoye-ɓoye. Ta ce maganin yana fitar da dalma daga jini, amma abin da ta riga ta taɓa a ƙwaƙwalwa ba ya dawowa. Ta ce akwai yara da yawa haka, wasu ma ba sa gani, wasu ba sa tashi. Na gane, na kuma yarda. Na zo na faɗa wa su Baba. Inna ta yi salati ta share hawaye. Baba ya tashi ya fita gindin ceɗiya.

Sai da aka yi shekaru, wani rani na je gida, Baba ya aika Inna ta kira ni waje. Masaƙar tana nan amma ba zare a kanta, ya ce idonsa ne ya rage gani.

Ya ce, "Ni na riƙe yarinyar ga."

Na ce, "Baba, dalma ce. Likita ta yi mini bayani."

"Likita ta san dalma. Ni kau na san abin da na roƙa. Cewa na yi yau ta zamna. To ga ta nan zamne. An zo, ban sallame ta ba, don tsoro." Ya nuna ta da haɓa, tana can tana zuba ƙasa a murfin kwano. "Ina son ki ba ni izini in zare zaren."

"In ka zare ta mutu fa?"

"Shi ya sa nika tambayarki. Ke ce uwa."

Ban taɓa ɗaga wa Baba murya ba sai ranar. Na ce masa a bar mini ɗiyata yadda take, na gode wa Allah a haka, waɗanda suka binne nasu da za su samu irin tawa da sun karɓa hannu biyu. Na tashi na shiga gida na goya ƙaramar, ban ko kwana ba na koma Yargalma.

Da na ba maigidana labari ya ce, "Ai camfi ne. Ki bar tsoho ya yi, hankalinsa ya kwanta. Tunda kin ce dalma ce, to mi kike tsoro?" Na yarda da maganar likita har cikin raina. Amma ni ce na zauna a ɗakin nan ina jin ana aiko da mutuwar 'ya'yan mutane, tawa tana numfashi.

Na ɗauki lokaci ban je Adabka ba. Sai ga Inna da kanta a bayan babur, ita da ba ta son hawa. Ko ruwa ba ta sha ba ta ce, "Ubanki ba ya cin abinci. In na kai mashi sai ya tura wa yarinya. Kullum yana zamne yana kallonta. Ni ban ce ki yarda ba, na dai ce ki zo ki gan shi."

Na je na gan shi. Wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Na durƙusa na gaishe shi, ya amsa. Sannan na ce, "Baba, ka yi. Amma ina wurin."

Da hantsi aka yi, a tsakar gida. Inna ta ciro gwadon, ya yi ja-ja saboda ajiya, kuma ko kafaɗun yarinyar bai gama rufewa ba yanzu. Na zaunar da ita a cinyata, ta yi mini nauyi, ƙafafunta har ƙasa. Baba ya yi bisimilla, ya laluba ya kama baƙin zaren. Ya fara ja a hankali yana cewa:

Rana, ɗauki kayanki,
mun gode da zama.
Wanda anka jira ya zo.
Hanya taki ce,
bi ta yadda anka umurce ki.

Na ƙanƙame ta har ta ce, "Zafi." Zaren ya fito gaba ɗaya. Ta ga abu yana reto a hannun Baba, ta fizge, ta naɗe a yatsa, ta ƙyalƙyale da dariya. Sannan ta zame daga jikina ta bi wata kaza.

Na zauna a gidan kwanaki ina kallonta. In ta yi tari gabana ya faɗi. In ta buɗe baki za ta yi magana, sai in ga Baba ya miƙa wuya yana saurare, ko wata sabuwar kalma za ta fito. Ba ta yi ciwo ba, ba ta kuma ƙara komai ba. Tana nan yadda take.

Ranar da zan koma na same shi a gindin ceɗiya. Ya ce, "Ashe ba ni na riƙe ta ba."

Na ce, "Na gaya maka, Baba."

Ya gyaɗa kai. Can kuma ya ce, "To, wancan lokacin ma ba ni na riƙe ta ba ke nan."

Ban yi tunanin wannan ba sai da ya faɗa. Na ce, "Allah ne ya riƙe ta."

Ya ce, "Shi na." Ya share fuska da tafin hannu. "Ubana ya koya mini, shi ma ubanshi ya koya mashi. Na zaci wani abu ne muka riƙe."

Bayan haka ya koma cin abinci, Inna ta ce har yakan nemi ƙari. Amma ya zama mai shiru, kuma ya bar yaran unguwa suka cire itatuwan masaƙar aka yi girki da su. Da damina ta gaba ya dawo daga duba gona ya ce ƙirjinsa yana masa nauyi, ya kwanta, kafin la'asar ya cika. An yi ruwa mai yawa ranar, hanya ta yanke. Ko da na isa an riga an kai shi.

Yarinyar ba ta gane ba. An gaya mata, ta ce to. Kowace safiya sai ta ɗauki kwanon kokonsa ta fita ƙofar gida, ta tsaya, ta dawo ta tambayi Inna, "Ina tsoho?" Inna ta ce ya tafi. Ta ce to. Gobe ta sake. Inna ta jure wata da watanni, sannan ta ce mini in zo in ɗauke ta, zuciyarta ba za ta iya ba.

Zuwa ƙarshen shekarun nan zaman ƙauye ya gagara saboda 'yan bindiga. Noma ya zama sai da tsoro, aka kwashe shanun maƙwabtanmu Fulani, su ma suka watse. Muka tattara muka koma Gummi, muka kama ɗakuna a gidan wani ɗan'uwan maigidana, Inna ma ta biyo mu. A nan na sa ƙaramar a makaranta. Babbar ba su karɓe ta ba, amma malamar islamiyya ta yarda ta riƙa zama a baya, muddin da mai kula da ita.

Ƙanwar ce mai kula da ita. Ita ke sa mata hijabi, ta juya mata takalmi in ta sa a karkace, ta riƙe hannunta su tsallaka titi. In yara suka tsokane ta, ita ke tsayawa ta yi faɗa, ga ta 'yar firit, kanta bai kai kafaɗar yayarta ba.

Wata rana sun dawo, ina tankaɗe, ƙaramar ta ajiye allonta ta tsaya a kaina. Ta ce mini, "Inna, yara sun ce wai ni ce babba. Na ce ƙarya ne. Sun ce to me ya sa nake wanke mata hannu?"

Na ce, "Ke me kika gani?"

Ta yi tunani. Ta ce, "Ta fi ni tsawo. Amma na fi ta sani."

Na ce, "Ita ce babba. Ta riga ki zuwa duniya, ta kuma sha wuyar da ba ki sha ba. Yaya za ki ci gaba da ce mata, ko a gaban wa."

"Ko na yi aure?"

"Ko kin yi aure."

Ta juya ta ce, "Yaya, taho ki cire hijabi, zafi ake yi." Babbar ta taso tana jan ƙafa, ta sunkuyar da kai don hannun ƙanwarta ya kai.